Koren Fentin Auta

Ƙanena Auta ya sayi gida, mu kuwa muka shiga uku. Ba baƙin ciki nake masa ba, Allah ya sani, ni na goya shi, ni na share masa majina. Amma tun ranar da aka miƙa masa makullai bakinsa bai sake rufuwa ba. In ka gaishe shi, gida. In ka ce yau ana zafi, ya ce ai gidansa iska ta ko'ina take shiga. Ni kuwa da nake haya a saman shagon mai gyaran firji, sai na koma abin kwatance.

"Yaya, haya fa zubar da kuɗi ce," haka yake ce min yana kaɗa makullan a yatsa. "Duk wata kina gina wa wani gida. Ni kuwa kowane kwabo na biya, bulo na ɗora wa kaina."

Gidan dai banki ne ya biya kuɗinsa. Shi kuma Auta za a riƙa cira daga albashinsa duk wata, shekara ashirin da biyar, da kuɗin ruwa kashi goma sha biyu cikin ɗari. Da na ji shekarun na riƙe baki, na ce, "Kai Auta, ashirin da biyar? Ai sai ka yi furfura."

Ya yi min dariyar nan tasa ta mai ilimi. Wai wannan wa'adi ne da ake ba wa masu tsallake wata, shi kuwa ba ya tsallakewa. Lissafin a bayyane yake: kuɗin gida, a ɗora masa kashi goma sha biyu, shi ke nan. Ranar da abin da ya biya ya kai haka, ya gama da banki, banki ya gama da shi. Na bar shi a haka. Mutumin da yake ƙirga buhunan siminti tun safe har yamma, wa zai ja da shi a lissafi? Ni ɗinkin kayan makaranta na iya.

Aikinsa ke nan, mai kula da sito a wani kamfanin kayan gini, kuma ya tsani aikin kamar ciwon haƙori. Ba simintin ya tsana ba, Manaja ya tsana. Wani ɗan gajeren mutum ne mai ƙararrawa a kan tebur, wanda Auta ya yi shekara ashirin a ƙarƙashinsa amma bai taɓa kiran sunansa ba. Sai dai ya danna ƙararrawa ya ce, "Kai wannan, zo nan." A gaban direbobi, a gaban leburori, kai wannan. Auta ya rantse mana, ba sau ɗaya ba, cewa ranar da ya gama biyan gida, ranar zai ajiye wa mutumin nan makullan sitonsa. Abin da ya riƙe shi a wurin ke nan, kuma abin da yake tashinsa da safe ke nan.

To sai ya ƙirƙiro wata bidi'a. Ya ƙirga ƙofofin gidan: ɗakunan kwana uku, falo, kicin, ɗakin ajiya, banɗaki biyu, da ƙofar baya, tara ke nan. Ya raba kuɗin gidan gida tara. Kuɗin ruwa kuma ya ce get ɗin waje ne, na goma. Duk lokacin da abin da ya biya ya kai kuɗin ƙofa ɗaya, sai ya sayo koren fenti ya shafe ta, ya ce wannan ɗakin ya fita daga hannun banki.

Kuma ba ya yi shi kaɗai, sai ya tara mu. A sayo lemo da biskit, a shimfiɗa tsofaffin jaridu a ƙasa, ya naɗe hannun riga ya kama burushi. Mahaifiyarmu, wadda ya ɗauke daga wurina ya kai ta can don wai ta huta da hawa matakala, tana zaune a kujera tana sa masa albarka har da ƙwalla. Ɗakinta ya fara shafewa, in ba shi haƙƙinsa. "Mama, daga yau ba mai tashinki daga nan," in ji shi. Ni kuwa ana miƙo min lemo sai ya ƙara da, "Yaya, ke fa ko ƙusa kika buga sai kin nemi izini ko?"

Shekara tara ina shan lemon nan da baƙar magana. Kusan duk shekara ƙofa ɗaya. Gidan ya koma kamar asibitin yara, duk inda ka juya kore. Matarsa ta taɓa cewa ko za a canza launi ne, ya ce mata ita ba ta san darajar tarihi ba.

Ranar da ya shafe get, har maƙwabta sai da suka fito kallo. Washegari ya sa sabon takalmi ya tafi kamfani. Shi da bakinsa ya ba mu labarin, sau wajen bakwai, kuma kowane karo Manaja yana ƙara gajarta. Wai ya shiga ofis ba sallama, ya zube makullan sito a kan tebur, ya miƙa hannu ya danna ƙararrawar da kansa. Da direbobi da leburori suka leƙo, sai ya nuna Manaja da yatsa ya ce, "Kai wannan, nemi wani bawan. Ni mai gida ne." Ya juya ya fita, takalmi yana ƙara. Gaskiya da na ji, ni ma sai da na ji daɗi. Na ce ashe Autan Mama akwai zuciya.

Da wata ya ƙare ya ce mu shirya, za mu banki karɓo takardun gida. Ba dole ni in je ba, amma ya nace. Na san dalili, so yake a miƙa masa su a kan idona. Mama ta sa kayanta na fita unguwa, ta fesa turare, muka ɗunguma.

Aka zaunar da mu gaban wata matashiya mai tabarau, mai kula da bashin gidaje. Auta ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya ya ce ya zo karɓar takardunsa, ya gama biya. Ta karɓi lambarsa, ta danna kwamfuta, ta dube shi, ta sake duba kwamfutar.

"Yallaɓai, ka gama biyan me?"

"Gida mana. Da kuɗin ruwanku. Har ma ina ganin akwai ɗan canji da za ku mayar min."

Yarinyar nan tana da tarbiyya, domin ko murmushi ba ta yi ba. Ta juyo masa fuskar kwamfutar a hankali ta ce, "Yallaɓai, kashi goma sha biyun nan ba sau ɗaya ba ne. Duk shekara ne, a kan abin da ya rage maka na bashi. Da farko kuwa bashin yana da yawa, don haka cikin duk goma da kake biya, tara da ɗoriya kuɗin ruwa ne. Ɗan abin da ya saura shi yake rage ainihin bashin. Sai can gaba ne abin yake juyawa."

Auta ya sauke ƙafarsa. "Ban gane ba. Ai na biya kuɗin gidan cif, har da ƙari."

"Ka biya mu abin da ya kai haka, gaskiya ne. Amma abin da ya fita daga bashin, kamar kashi ɗaya ne cikin goma. Saura shekara goma sha shida."

"To in na gama nawa ke nan na biya?"

"Kuɗin gida uku da ɗan wani abu."

Mama, wadda tun ɗazu take bin bakinsu da kallo, ta matso da kujera ta ce, "To 'yar nan, Allah ya yi miki albarka, sauran biyun a wace unguwa suke?"

Nan fa na kasa. Na danne, na danne, abin ya ƙi. Na ce, "Mama, gida ɗaya ne. Kuma cikin ƙofofi goman nan ɗaya ce tamu." Ta ce wacce? Na ce, "In ana bin girma, ta ƙaramin banɗaki." Sai dariya ta ƙwace min, irin wadda take fitowa ta hanci. Shekara tara nake tara ta, ku yi min uzuri. Har mai gadi sai da ya leƙo. Auta kuwa ya yi tsuru-tsuru, gumi yana bin wuyan sabuwar rigarsa duk da sanyin na'urar da ke ofishin.

Ya ce an cuce shi, ba wanda ya faɗa masa. Yarinyar ta ce an karanta masa ranar da ya sa hannu. Ni ma na tuna ranar, domin ina wurin. Ana karatu yana tambayar ko za a bar masa labulen falo.

Ina cikin share hawayen dariya yarinyar ta sake duban kwamfuta ta ce, "Yallaɓai, na ga albashin wannan watan bai shigo ba. Har yanzu kana kamfanin nan ko? Domin in aka jera watanni ba a biya ba, banki sayar da gidan yake yi ya ɗauki kuɗinsa."

Nan take dariyata ta ɗauke. Na dubi Mama, na ga ta riƙe hannun kujera da hannu biyu. Ba ta gane kashi cikin ɗari ba, amma ta gane a sayar da gida. Wallahi sai na ji tsoro, na ji kuma haushin kaina da na Auta da na yarinyar mai tabarau da ba ta yi laifin komai ba.

Auta ya zaga neman aiki, kada a ce bai yi ƙoƙari ba. Amma wa zai ɗauki mai shekara arba'in da tara ya ƙirga masa buhu, alhali ga yara sabbin jini suna yi da waya a kan rabin kuɗin? Duk inda ya je sai a ce a bar lamba. Da wata na biyu ya kama hanyar ƙarewa, Mama ta kira ni ɗakinta ta ce, "Ke ce babba. Ki raka shi wurin mutumin nan. In shi kaɗai ya je, a bakin ƙofa zai juyo."

Muka je. Manaja ya bar mu a benci a gaban ofishinsa tun safe har rana ta take, kuma da gangan, domin kowane direba da lebura ya wuce ya gan mu. Wasu suka gaishe shi da "Maigida, barka da hutawa." Auta ya kafa ido a ƙasa. Can muka ji ƙararrawa.

Ashe mutumin bai kai gajartar da ake faɗa ba. Yana zaune yana yanke farce, bai ɗago ba. Ni na fara magana, na ba da haƙuri, na ce sharrin zuciya ne, na ce a dubi tsohuwa. Abubuwan da ban taɓa zaton bakina zai iya furtawa ba duk na furta. Auta ya durƙusa, gwiwa biyu a kan tayil, ya ce, "Ranka ya daɗe, na yi kuskure."

Manaja ya hure farcensa. Ya ce wanda suka ɗauka a madadinsa ɓarawo ne, siminti yana ta ɓacewa, don haka Auta ya ci sa'a. Ya jawo aljihun tebur ya ciro makullan sito ya jefa su ƙasa, gaban gwiwoyin ƙanena. Albashi yadda yake da. Ƙarin girma kuwa a manta da shi.

"Na gode, ranka ya daɗe. Allah ya ƙara girma."

"Shekara nawa suka rage maka a bashin?"

"Goma sha shida, ranka ya daɗe."

"Kai kuma shekarunka?"

"Arba'in da tara."

Manaja ya ajiye abin yanke farcen, karo na farko ya dube shi sosai. "Ka dai san a nan mutum yana cika sittin muke sallamarsa ko?"

Na ga leɓen Auta yana motsi. Wannan lissafin bai buƙaci kowa ya juyo masa kwamfuta ba. Goma sha ɗaya na aiki, goma sha shida na bashi. Na ce a raina tashi mu tafi, Auta, ka samu abin da muka zo nema, sauran a bar wa Allah. Amma bai tashi ba. Ya tattara makullan ya riƙe su a ƙirji, ya ƙara matsawa da gwiwa kusa da teburin.

"Ranka ya daɗe," in ji shi, "in mutum ya riƙe aikinsa da kyau, bai yi rashin kunya ba, bai taɓa makara ba, ana iya taimaka masa a ƙara masa shekara biyar?"

Manaja ya yi dariya har da buga tebur. Ya ce, "Sai mu ga halinka. Kai wannan, je ka buɗe sito, motoci suna jira."

Auta ya ce, "To, ranka ya daɗe," ya miƙe da gudunsa.