Hannun Kujera

A masana'anta A-Rage suke kiransa. In aka ajiye masa samfurin buta ko fitila ko rediyo, sai ya yi ta kallonsa shiru, sannan ya ɗora yatsa a wuri ɗaya ya ce a rage. Haka za a yi ta cirewa har abin ya ƙi aiki, sannan a mayar da na ƙarshen da aka cire. Da haka ya fitar da kujerar da ta yi masa suna: ƙafafu huɗu sirara, mazauni, majingini, shi ke nan. Yau da wuya ka shiga ofis ko ɗakin jiran asibiti ba ka tarar da ita ko kwaikwayonta ba.

Gidansa ma bai tsira ba. 'Yarsa Auta ta tashi a falo mai farin bango, ba hoto, ba labule mai fure. Kwanukan mahaifiyarta ɗaya bayan ɗaya suka koma kwali, har ta rasu ba ta sake ganinsu a jere ba. Yayyen Auta kowa ya nemi aiki a nesa, aka bar mata tsoho.

Da ya tsufa ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama shi, da ya sake shi kuma, ƙafar hagu ba ta dawo daidai ba. Yana takawa da sanda, amma in ya zauna a kujerarsa ba ya iya tashi, don babu abin dafawa. Sai Auta ta sa hannu a hamatarsa ta ciccibe shi, safe da rana, duk sanda zai kewaya. Bayanta ya fara ciwo. A ɗakin maganin da take aiki kuma an faɗa mata ba ɓoye-ɓoye: ko ta dawo cikakken yini, ko a ba wani gurbinta.

"Baba, likita ya ce in kujerar na da hannu za ka tashi da kanka."

"Likita ya tsaya a kan allurarsa."

"To a sayo wata."

"A shigo da ita ina? Gidana?"

"Gidan naka dai ni nake ɗaga mai shi."

"To don me aka haife ki?" ya ce, yana murmushi kamar wasa ne.

Ranar da aka kai shi gashin ƙashi, ta kira kafinta, tsohon ma'aikacin masana'antar, wanda shi ma furfura ta cinye kansa. Ya zagaya kujerar yana shafa ta.

"Ƙanwata, wannan zan sa wa hannu? Ai kamar ki ce in dasa wa doki ƙaho. A kanta na koyi sana'a."

"Yaya, in ba za ka yi ba, zo ka riƙa ɗaga maigidan naka, ni in tafi aiki."

Ya nemo katako irin nata, ya sa mata hannaye, ya ɓoye mahaɗin yadda ido ba zai kama ba, ya share garin katakon, ya roƙe ta kada ta ambaci sunansa.

Da tsohon ya dawo, ya tsaya a ƙofar falo ya daɗe. Sannan ya taka ya zauna. Auta ta harɗe hannuwanta a baya don kada su kai masa agaji. Ya dafa hannayen kujerar, ya yunƙura, sai ga shi tsaye cak, ba wanda ya taɓa shi. Har ta buɗe baki za ta yi hamdala, sai ta ga fuskarsa.

"Kai ni ɗaki," ya ce.

"Baba, ka ga fa ka tashi."

"Na gani. Wannan ba tawa ba ce."

Bai sake fitowa falo ba. A gado yake cin abinci, a gado yake karɓar ɗaliban da ke zuwa jin yadda ya koya wa duniya sauƙi. Daga gado kuwa ɗagawar ta fi wuya, sai ta durƙusa ta rungumo shi gaba ɗaya. Ta roƙe shi, ta yi fushi, ta kira yayyenta, kowa ya ce a yi haƙuri da tsoho.

Ranar da wa'adin da aka ba ta a wurin aiki ya cika, shugabar ɗakin maganin ta kira ta a waya tana tambayar abin da ta yanke. Daga ciki Auta ta ji sanda tana buga ƙafar gado, alamar yana son kewayawa.

"A ba wani," ta ce. Ta ajiye wayar, ta riƙe ƙugu, ta shiga.