Kori a Kan Laka

Linval Pusey azzalumi ne, kuma da babban yatsansa na dama ya yi zaluncin. Dattijo ne a cocinmu, shi ke karanta sanarwa ranar Lahadi, kuma ya daɗe yana alƙalanci a gasar tsalle uku. Duk wannan bai hana shi cutar Kemoya Brissett ba.

Kemoya 'yar ƙauyenmu ce a Trelawny, mahaifinta manomin doya. Tun tana makaranta take tsallen nan: a sheƙo da gudu, a tashi daga kan katako, a dira da ƙafar da aka tashi da ita, a sake dira da ɗayar, sannan a faɗa cikin yashi. Wasa ne mai cin gwiwa, ya kuwa ci tata. Sau da dama ta je gasar zaɓen waɗanda za su wakilci ƙasa, inda ake ɗaukar uku, ita kuma kullum ta huɗu ko ta biyar. A shekarar da nake magana ta haura talatin, likita ya riga ya gaya mata gwiwar hagu ba za ta sake kai ta wata shekara ba.

Aikin Linval ranar gasar zaɓen shi ne zama a gefen katakon tashi. A bakin katakon akan shafa farar laka mai laushi, duk wanda takalminsa ya wuce iyaka sai ya bar shaida a kanta. Alƙali ya duba, ya ɗaga farar tuta ko ja.

Ana saura zagaye na ƙarshe, wadda ke matsayi na uku ita ce Jodiann, 'yar ƙanwar matar Linval. Kemoya na biye da ita.

Ta tsaya a farkon layin gudu, ta ɗaga hannu sama ta fara tafi, jama'a suka amsa mata. Mutanen Trelawny suna buga murafen tukwane. Ina cikinsu. Ta sheƙo, ta tashi, ta dira nesa da inda Jodiann ta kai, nisan da ko daga kan benci ana gani. Idon kowa yana kan yashi. Linval ya tsuguna kan katako kamar mai dubawa, ya miƙe, ya ɗaga jar tuta. Mai share yashi ya ja abin shararsa ya shafe sawun, kamar yadda ake yi wa duk tsallen da aka soke.

Kemoya ta dawo tana ɗingishi.

“Mas Linval, ban taka ba.”

“Ke dai kin ji a jikinki, ni kuwa na gani da idona. Ki yi haƙuri, 'yar nan, Allah bai nufa ba.”

“A nuna mini lakar.”

“Yanzu kuma ke za ki koya mini aiki? Ina nan wurin tun kina yawo ba wando.”

Ta zauna daɓas a kan katakon, ta ce ba mai ɗaga ta sai an kira babbar alƙaliya. Aka kira Mis Verona, mace mai gajeren haƙuri, ta zo da lemarta.

“Kemoya, tashi. Nan ba ɗakin uwarki ba ne.”

“Zan tashi, Mis Verona. Ki dai sunkuya ki duba.”

Mis Verona ta sa aka zare allon lakar, ta ɗaga shi a rana. Akwai lotsawa ɗaya a bakinsa, zagayayyiya, babu alamar ƙusoshin takalmi ko ɗaya. Cikin lotsawar kuma launin rawaya ne, yana ƙyallin maiƙo. Ta kai hanci ta shinshina.

Kemoya ta cire takalminta ta miƙa mata. “Ga shi. Takalmina ba ya cin kori.”

Duk wanda ya san Linval ya san ba ya wuce mai sayar da naman akuya da kori, wato garin yajin nan mai launin rawaya, a ƙofar fili lokacin hutun rana, kuma ba ya yarda da cokali. Yakan ce ƙashin akuya sai da hannu.

“Linval, kawo hannunka,” in ji Mis Verona.

Ya miƙo na hagu.

“Ɗayan.”

Babban yatsan rawaya ne har cikin farce, da 'yar farar laka a gefe. Wata mata daga kan benci ta ɗaga murya: “Dattijo, ko sabulu babu a cocin naku ne?” Aka yi dariya, aka buga murafe. Ni ban yi dariya ba.

An soke jar tutar, amma babu sawun da za a auna, tunda an share yashin. Abin da doka ta ba Kemoya shi ne ta sake tsallen. Ta ɗaure takalmi ta koma. Wannan karon ba ta nemi tafi ba. A dira ta biyu gwiwar ta lanƙwashe, ta faɗa yashi kusa da baki. Farar tuta aka ɗaga mata, tsallen kuwa bai kai ko na farkon da ta yi da rana ba. Ta huɗu ta zo.

Jodiann ta tafi da tawagar ƙasa. Yarinyar ba ta san komai ba, amma har yau in ta shiga fili sai wani ya tambaye ta ko ta ci kori. Ita ma Linval ya cuce ta.

Kemoya ta koma Trelawny, tana koyar da motsa jiki a makarantar firamare, tana tafiya da ɗan ɗingishi. Ba ta ambatar sunansa.

An haramta wa Linval Pusey alƙalanci har ƙarshen rayuwarsa, kuma ba a barinsa ya wuce ƙofar fili. Coci ta karɓe sanarwa daga hannunsa. A bencin baya yake zama.