Kibiya Tana Kallon Sama

"Na ce ba zai taka min gida ba, Fanne. Magana ta ƙare."

"Ɗanka ne, Alhaji."

"Ɗana ba ya faɗuwa a kwata a ƙofar masallaci. Wanda ya faɗi ɗin, ki je ki nemo ubansa."

Ina tsugune a gindin darbejiyar tsakar gida, ina cuɗa baƙin mai daga hannuna. Ban ɗago ba. A gidanmu in manya suna magana, kai bango ne.

Baba da Iya ne, a kan Laminu suke yi, yayana. Tun kafin azumi Baba ya kore shi, ranar da aka kawo shi gida a baro, yawu yana dalala, aljihunsa cike da jajayen ƙwayoyi. An ce yana Nguru. Iya tana so a je a taho da shi. Kullum sai ta tayar da maganar, kullum a nan take mutuwa.

Ta buɗe baki za ta ƙara, tari ya riga ta. Iya tana da fuka tun ina yaro. Ta dafa bango, ta laluba abin shaƙarta a bakin zani.

"Tun jiya da muka dawo daga suna a motar nan ƙirjina bai saki ba," ta ce da ƙyar. "Kana kunna sanyi, ƙura ta watso min a fuska."

Baba ya juyo. Ya samu inda zai sauke sauran fushinsa.

"Bilya! Aikinka ne wannan. Mota tana zaman lafiyarta, ka je ka cusa mata tarkace. Wa ya aike ka?"

"Filta ce, Baba. Saboda ƙura."

"Ga ƙurar nan ai, uwarka ta sha ta ƙoshi."

Ya wurgo min makulli. Ya faɗi cikin ruwan sabulu.

* * *

Na gama sakandare, takardar ba ta kai ni ko'ina ba. Na shiga garejin Oga Mai, mai gyaran esi, na'urar sanyaya mota, a hanyar tashar Gashuwa.

Motar Baba 'yar Beljiyam ce, ruwan toka. Ya saye ta shekarar da ya sauke farali. Kafin nan bandar kifi yake sara a Dagona, ya bi kasuwanni da ita a motar haya. Har yau cewa yake kifin ne sana'arsa. Mutanen unguwa suna cewa Allah ya buɗa wa Yunusa.

Ramin filta yana ɓoye a bayan aljihun gaban mota. Ranar da na fara leƙa na Baba, wayam na same shi. Ban yi mamaki ba, motoci da yawa haka suke zuwa. Na sayo sabuwa na saka saboda Iya, ban faɗa masa ba sai da na gama. Na zaci zai sa min albarka. Ya dube ni ya daɗe, sannan ya ce, "Kada ka sake taɓa min mota ban sani ba."

Yanzu ga makulli a hannuna. Na sauke aljihun, na ɓalle murfin, na zaro filtar.

Kibiya tana kallon sama.

A gefen kowace filta akwai 'yar kibiya. Oga Mai ya sha ja mana kunne a kanta. "Iska take bi, ba son ranku ba," in ji shi. "A irin motar nan iska ta sama take shigowa, fanka tana ƙasa tana zuƙa. To kibiya ƙasa. Ka kuskura ka juya tsohuwar filta, duk dattin da ta haɗiye sai ta amayar wa mutane a hanci."

Ni ƙasa na saka ta. Na san hannuna.

Fuskar da ta sha ƙura ta koma wajen fanka. Gefe ɗaya ya lanƙwashe, alamar an tura ta da gaggawa. Na zura hannu cikin ramin in share. Yatsana ya taɓa wani abu a lungu. Na jawo. Guntun katin magani ne, da sauran ƙwaya biyu a jiki. Jajaye.

Na ce a raina, Laminu. Har na ji sauƙi, don laifin mashayi ba ya ba kowa mamaki. Sai na tuna. Laminu ya bar gida kafin azumi. Filtar bayan sallah na saka ta.

Makullin motar ɗaya ne. A aljihun Baba yake kwana.

Na kakkaɓe filtar a jikin taya, na mayar da ita yadda ya kamata. Katin na sa a aljihun wandona. Baba yana zaure a kan buzu, da carbi a hannu.

"Ka gyara?"

"Na gyara."

"Kuskurenka ne ko?"

"Kuskurena ne, Baba."

Ya gyaɗa kai, ya miƙo hannu ya karɓi makullinsa.

* * *

Ranar kasuwar Jajimaji ya fita bayan asuba da kwali biyu na kifi a but. Kifin da ko kuɗin mai ba zai mayar ba. Washegari na ɗauki bokiti na ce zan wanke mota. Na leƙa. Kibiya sama.

Na juya ta.

Kasuwa ta zagayo. Sama. Na juya ta.

Abin bai yi min wuyar ganewa ba. In zai tafi, sai ya zare filtar ya jefa a but, ya cika ramin. In ya sauke kaya, ya mayar da ita yadda hannunsa ya kai. Bai taɓa lura akwai kibiya ba. Shi ya juya, ni in mayar. Muka zama abokan aiki ba tare da mun taɓa yin maganar ba.

Wata Juma'a liman ya yi huɗuba a kan ƙwaya. Ya ce ta cinye samarin Gashuwa, ta shiga har ƙauyukan bakin kogi, masu su sun daina iya tashi da asuba. Baba yana sahun gaba. Ni ina baya ina kallon ƙeyarsa. Da aka idar, wani dattijo ya riƙe hannunsa da hannu biyu.

"Alhaji, ka yi namijin ƙoƙari. Ba kowane uba ne zai iya korar nasa ba."

"Ai gyara kayanka," in ji Baba.

Na nemi takalmina na rasa. Yana ƙafata.

* * *

Ranar da Iya za ta ga likitan ƙirji a Nguru, Baba da kansa ya ce zai kai mu. Zafin bazara ya sauka tun hantsi, amma bai kunna sanyi ba. Ya ce mai ya yi tsada. Na kalli aljihun gaba, yana daidai gwiwata. Na kau da kai.

A shingen da ke bayan gari wani mai kaki ya sunkuyo ta taga.

"Alhaji, ina zuwa?"

"Asibiti, ɗana. Hajiya ce ba lafiya."

Iya ta yi tari, kamar an roƙe ta. Mutumin ya ce Allah ya sawwaƙe, ya ɗaga mana hannu. A shinge na gaba ma haka aka yi. Ban taɓa sanin ana iya yin fasfo da ciwon mutum ba.

Ya sauke mu a ƙofar asibiti, ya ce zai je wajen masu sayen kifinsa, sai la'asar. Da muka fito daga wajen likita, Iya ta buɗe jakarta ta nuna min. Riga ce da wando a ninke, da dambun kifi a kwano.

"Ka san inda yayanka yake?"

"An ce tashar jirgin ƙasa."

"To nemo mana acaɓa. Kada babanka ya ji."

Jirgi ya daɗe bai shigo Nguru ba. Ciyawa ta fito a tsakanin dogo, awaki suna kiwo. A inuwar wani tsohon tarago muka same shi, da wasu samari uku a kwance kamar wanki. Ya rame. Leɓensa ya tsattsage. Amma ya gane mu, ya yi ƙoƙarin gyara zama.

"Iya. Ke ce da kanki?"

Ba ta yi kuka ba. Ta durƙusa ta shafa kansa, ta duba bayan kunnensa kamar jariri. Ta buɗe kwanon, ta ga hannunsa, ta ce bari ta samo ruwa ya wanke. Ta nufi wani famfo can bakin rumbunan gyaɗa na da.

Laminu ya dube ni yana murmushi.

"Ɗan boko! An ce ka zama injiniyan sanyi."

"Haka dai."

"Kai kake wanke motar yanzu?"

"Ni ne."

"To wata rana ka leƙa bayan aljihun gaba."

"Na leƙa."

Ya yi dariya har ta koma tari. "Ashe ka girma. Ni ma a nan na fara. Ina goge gaban mota murfin ya ɓallo. Na ɗauki kati ɗaya, in ji abin da mutane suke ji."

"Ya sani?"

"Ɗan kasuwa ne fa, Bilya. Tun katin farko ya sani. Sai ya canja ranar da zan riƙa wanke mota, shi ke nan." Ya kori ƙuda daga bakin kwanon. "Kana tsammanin don ina sha ya kore ni? In na yi caji ina da surutu. Shi ya sa."

"Ka faɗa wa Iya."

"Ni? Wa zai yarda da ɗan ƙwaya? Kai ne mai hankalin gidan, kai ka faɗa mata." Ya nuna ta da haɓa. Tana tahowa da buta, tana tsayawa tana maida numfashi. "Amma ka fara duba ƙirjinta tukuna."

Ya ci dambun da sauri, ya raba sauran wa abokan kwanansa. Iya ta sa shi ya canja kaya a bayan tarago, ta ninke masu dattin ta sa a jaka.

"Taso mu tafi gida. Ni zan tari babanka, ko me zai yi ya yi."

"A wace mota?"

"Ta babanka mana."

Ya sunkuyar da kai. "Iya, ki yafe ni. Gara min taragon nan."

"Me motar ta yi maka?"

Ya dube ni. Ni kuma na dubi dogo.

* * *

Baba ya zo bayan la'asar yana ƙamshin turare, fuskarsa a sake. Ya sayo wa Iya lemo da sabon mayafi. Ta karɓa ta yi godiya, ta ajiye a gefe. Jakar ce a kan cinyarta.

Muna fita gari ya ɗaga gilasai. "Bari mu ba Hajiya sanyi," ya ce, ya murɗa.

Ƙura ta feso ta kowace kafa, ja, mai warin tsohon ɗaki. Iya ta sarƙe. Tarin ya ƙi tsayawa. Ta shaƙi maganinta sau biyu, hawaye yana zuba.

Baba ya yi tsaki. "Wai kai Bilya, me kake koya a garejin nan? Kullum gyara, kullum jiya i yau."

Na sa hannu na sauke aljihun gaba.

"Bari sai mun je gida."

Na ɓalle murfin.

"Na ce ka bari."

Na zaro filtar. Na riƙe ta a tsakanin kujeru, ban san me ya sa ba. Iya ta matso tana share ido da gefen mayafi. Ba ta yi boko ba, amma kibiya ba ta bukatar karatu.

"Wannan 'yar alamar fa?"

"Ƙasa ya kamata ta kalla, Iya. In ta kalli sama, sai ta zubo miki abin da ta tare."

"Da ma ka san haka?"

"Na sani."

"To kai ka saka ta a juye?"

Katin yana aljihuna tun ranar da na tsince shi, gefensa yana sukar cinyata. Na ga hannun Baba a kan sitiyari, da zoben azurfan da ya sayo a Makka. Jijiyar hannun ta tashi. Kalma ɗaya yake jira, wadda na saba ba shi. Na tuna hular makaranta da ya taɓa saya min, da ranar da ya goya ni muka haye kogi. Na tuna leɓen Laminu.

"A'a," na ce.

Iyakar abin da na iya ke nan. Na juya filtar, na tura ta cikin raminta, na rufe. Iska ta fara fitowa wasai. Numfashin Iya ya dawo a hankali.

Muka shiga Jajimaji. Ba ranar kasuwa ba ce, rumfuna wayam. A ƙarƙashin ɗaya wasu samari suna kwance, takalmin ɗayansu ya fice ya faɗi a rana. Baba bai kalle su ba. Bai kalle ni ba. Titi kawai yake kallo, yana motsa baki kamar mai tasbihi.

Iya ta buɗe jakarta, ta fito da rigar Laminu mai datti, ta shimfiɗa ta a cinya tana lallashe ta da tafin hannu. Sai da muka wuce gari ta yi magana, a hankali, ba ta ambaci sunan kowa ba.

"To in ba kai ba ne, wa yake buɗe wurin nan? Me ake ajiyewa a ciki?"