Motar da Ke Ƙin Tashi Ranar Asabar

Motar Babanmu tana da wani ciwo da ya gagari gareji guda. Daga Lahadi zuwa Juma'a, kana taɓa makulli za ta amsa. Ranar Asabar da yamma kuwa, idan Baba ya dawo daga "duba wani aiki", ko lallashinta za ka yi da waƙa ba za ta ce uffan ba.

Abin kunya ne, domin Baba bakanike ne, kuma ba ƙarami ba. Tsohon Hannu ake ce masa a layinmu. Garejinsa yana gaba, gidanmu yana baya, tsakar gida ɗaya muke yi da ƙarafa. Yayana Dogo shi ke kan inji, ni Auta ni ke kan wayoyi da lantarki. Gida cike da masu gyara, amma motar maigida ta fi ƙarfinsu. Baba yakan ce aljanu ne da ita, kuma ranar hutunsu ke nan.

"Duba wani aiki" shi ne sunan da muka sa wa abin a gida. Akwai wata rumfa bayan kasuwa inda tsofaffin abokansa ke haɗuwa, su sha abin da suke sha. Zai dawo yana tauna kanumfari, yana gaishe da kowa sau biyu, har kajin Umma. Bai taɓa zagi ba, bai taɓa ɗaga hannu ba. Abu ɗaya ne matsalar: da kanumfari ya shiga bakinsa, sai ya tuna yana da wurin zuwa a mota.

Ga shi ba rashin sani ba ne. Duk Litinin motar janwe, mai jawo motocin da suka yi hatsari, takan sauke mana aikin ƙarshen mako: gaba ya shige ciki, gilashi ya zama gari, wani lokacin da takalmi wari ɗaya a ƙarƙashin kujera. Baba zai zagaya motar, ya duba taya, ya ce, "Wannan ko birki bai taka ba. Kwalba ce ta tuƙa shi." Ya yi wa mai motar faɗa, idan yana da sauran kunnen ji. Amma wanzami ba ya son jarfa. A ganin Baba, wannan ciwon na sababbin direbobi ne, shi tsohon hannu ko barci yake yi hanya ta san shi.

Ban iya gaya masa ba. Ta ina 'ya za ta fara? Ina son mutumin nan, ina jin nauyinsa, kuma ina tsoron wata Litinin da janwe zai shigo da motar da na sani. Saboda haka na yi abin da hannuna ya iya. Da na ji ƙamshin kanumfari, sai in zaga in zare fiyus ɗin famfon mai, in jefa a aljihu. Baba ya murza, ya murza, ya tsine wa aljanu, ya shiga ɗaki ya kwanta. Da safe in mayar. Wata Asabar ɗin kuma, kafin in kai ga motar sai in tarar ta riga ta mutu da kanta. Ban taɓa bincike ba. Wa ke binciken alheri?

Sai ga Yaya, babbarmu, ta haihu ranar wata Juma'a. Mace, jikar fari. Baba ya rasa inda zai sa kansa don murna. Da sassafe ranar Asabar ya wanke motar da kansa, ya goge kujeru, ya shimfiɗa sabon tawul a baya. A cikin motar nan ya ɗauko kowannenmu daga asibiti, kuma ya yi wa Yaya alkawari tun cikinta na ƙarami cewa shi zai ɗauko ta.

"Amaryata ba za ta shiga motar haya ba," ya ce wa Umma. "Ango da kansa zai je."

Da hantsi ya ce zai leƙa ya duba wani aiki, ba zai daɗe ba. Na kalli Umma. Umma ta kalli tukunya.

Abokai sun taya shi murna da kyau. Rana ta ɗan karkata lokacin da ya shigo, yana gaishe da kaji. Ko zama bai yi ba wayarsa ta yi ƙara: mijin Yaya ne, an sallame su, suna jira a baranda.

"Ga ni nan, ga ni nan," in ji Baba. "Bari in sa rigar kirki."

Yana shiga ɗaki na fita da sanɗa. Na buɗe ƙofar mota, na durƙusa, na zare fiyus, na koma kan aikina kamar ban motsa ba. Na ga Dogo yana fitowa daga gaban motar yana goge hannu, amma Dogo kullum cikin goge hannu yake. Ban kawo komai ba.

Baba ya fito cikin farar riga, ya ɗauki makulli a kan ƙusa, ya zauna. Makulli ya shiga, amma ya ƙi juyawa. Ya zaro shi, ya hura, ya mayar. Ya ƙi.

"Yau kam ba ku isa ba," ya ce wa aljanun. Ya ciro walat ɗinsa, ya zaro wani makullin da ba wanda ya san da shi. Umma na tsaye a ƙofar kicin, na ga ludayi ya kusa faɗuwa daga hannunta.

Wannan ya juya, amma ko fitila ɗaya ba ta kama ba. Da wata Asabar ce, a nan zai haƙura. Yau kuwa ya naɗe hannun farar riga, ya ɗaga bonet, murfin inji. Bai ɓata lokaci ba ya ga kan batir a kwance, ya mayar, ya ɗaure.

"Girgizar hanya," ya ce. Dogo ya kama tari.

Inji ya fara juyi, bai tashi ba. Na ce a raina, nan za ka tsaya. Baba ya kashe, ya sake juya makullin a hankali, ya karkata kai yana sauraro. Famfon mai yana da wani ɗan kuka da yake yi idan an ba shi wuta, kuma shi ya koya mini jin sa. Bai ji ba. Ya durƙusa wurin fiyus, ya ga gurbi, ya zare na rediyo ya cusa a wurin. Mota ta tashi da ruri.

A raina na ga Yaya a baya da jaririya a cinya, na ga mararrabar nan ta kusa da asibiti inda manyan motoci ba sa jiran kowa. Mutumin da ya gano ciwo uku a tsaye, wa zai ce masa ba ya cikin hayyacinsa? Amma da ya zo rufe bonet sai da ya lalubi sandar da ta tokare shi sau biyu kafin ya kama ta.

Ya sa giya. Motar ta matsa kaɗan, ta yi wani rangaji kamar agwagwa, ta tsaya. Tayoyin ɓangaren bango duka biyun suna zaune a ƙasa.

"Mai Faci," Baba ya ɗaga murya. "Kawo injinka."

Kawu Mai Faci yana da rumfar facin taya a bakin ƙofarmu tun kafin a haife ni. Ba ɗan'uwanmu ba ne, zama ne ya sa ya zama kawu. Da sanda yake tafiya, tun ranar da wani mai mota ya bar titi ya same shi a kan benci yana aikinsa. Ya taso yana dogarawa, hannunsa babu inji.

"Ba zan busa ba, Tsohon Hannu."

"Wuta ce babu?"

"Akwai wuta. Ni na sace iskar, kuma ba zan mayar ba sai wani ya zauna a kujerar nan." Ya buɗe tafin hannunsa, ga 'yan ƙarafunan cikin bawul ɗin taya guda biyu. "Wanda ya karya ni ma ba mugu ba ne. Daga murna yake dawowa. Har asibiti ya zo yana kuka, ya fi ni kuka ma. Kukan bai mayar mini da ƙafa ba. Ka yi fushi da ni in kana so, mun saba."

Inji yana ta ƙara. Baba ya miƙa hannu ya kashe. Ya fito, ya dubi tayoyin, ya dubi bonet, ya dubi makullin farko da ya jefar a kan kujera. Ya ɗauke shi ya juya shi a hasken rana.

"Wannan ai na tsohuwar motar da muka sayar ne."

Umma ta ajiye ludayi. Ta kwance bakin zaninta, ta fito da makullin gaskiya, ta aza a kan bonet. Dogo ya sunkuyar da kai, ya ciro 'yar sifana daga aljihun baya, ya ajiye kusa da shi. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Na fito da fiyus, na ajiye.

Muka tsaya muna kallon juna kamar ɓarayin da suka yi karo a ɗaki ɗaya.

"Ke ma?" in ji Dogo.

"Ashe kai ne ranar da aka yi ruwan nan? Ni ina ta gode wa Allah," na ce.

"Ni kuma na ɗauka makullina ne kawai ke aiki," in ji Umma. "Ranar da ban canza ba, in ga ya juya, mota ta ƙi tashi, in ce addu'ata ce."

Kawu Mai Faci ne ya fara dariya, har yana buga sanda a ƙasa. Dogo ya bi, ni ma ta ƙwace mini duk da hawaye a idona. Baba bai yi ba. Ya zauna a kan tsohuwar taya da farar rigarsa, ya tofar da kanumfarin.

"Tun yaushe?"

"Tun ba ka da furfura," in ji Umma.

"Kuma ba wanda ya iya buɗe baki ya gaya mini."

"Mun ji nauyinka, Baba," na ce. "Kuma mun ji tsoro."

Ban taɓa ganin kunya a fuskarsa ba sai ranar, kuma ta yi mini ciwo fiye da yadda na zata. Ana haka wayarsa ta sake ƙara. Yaya ce da kanta, muryarta a gajiye, amma muna jin ta sarai.

"Baba, kun taso? In ka je duba aiki yau, don Allah ka ba Auta ta tuƙa. Kai dai ka zo, kai nake son gani."

Baba ya kalli wayar, ya kalle mu. Sai kafaɗunsa suka fara rawa.

"Har da ke?"

"Ni ai ni nake ɓoye takalmanka tun ina makaranta."

Nan dariya ta kama shi, irin wadda take fitowa da hawaye. Ya ce shekara da shekaru yana zargin aljanu, ashe aljanun tuwonsa suke ci. Ya tashi ya tattara makullan biyu, wanda Umma ta ajiye da na walat, ya kamo hannuna ya danƙa mini.

"Mai Faci, busa."

Ya wanke fuska, ya sha ruwa kofi biyu, ya zauna a kujerar mai zaman banza, karo na farko a rayuwarsa. Har muka isa yana taka birkin da babu shi a ƙarƙashin ƙafarsa, yana gaya mini ramukan da nake gani da idona. Umma a baya tana ce masa fasinja ba ya magana.

A barandar asibiti Yaya ta miƙo masa jaririya a naɗe cikin farin tawul. Baba ya leƙa, fuskarsa ta narke, amma ya mayar da hannayensa baya ya harɗe.

"Ba yau ba. Amaryata ba za ta fara sanin angonta da wannan bakin ba. Ku ba ni zuwa gobe."

Na tuƙo mu gida kamar na ɗauko ƙwai, shi yana waiwaye baya duk tsawon hanya. Washegari tun kafin a ɗora ruwan shayi ya yi wanka, ya zauna a ƙofar ɗakin Yaya yana jira a farka. Da aka sa masa ita a hannu, sai da aka yi da gaske kafin ya yarda uwarta ta karɓa.

Ba zan ce ya daina zuwa duba aiki ba. Ya rage dai, don amarya ba ta son a bar ta ranar Asabar. In zai je, shi da kansa yake ɗauko makulli daga ƙusa ya ba Umma, ya fita a ƙafa, ya tsaya Kawu Mai Faci ya tsokane shi a ƙofa.

Motar kuwa ba ta ƙara ƙin tashi ba. In masu kawo gyara suka tambaye shi yadda aka yi da aljanun, sai ya gyara tsayuwa ya ce ai daga ƙarshe ya gano ciwon da kansa.

"A ina yake, Tsohon Hannu? Batir ko famfo?"

"Tsakanin kujera da sitiyari," in ji Baba. "Na cire shi."