Ba A Tambayar Inna

Likitan ko zama bai yi ba. A tsaye ya yi wa Auta bayani, hannunsa ɗaya a kan ƙarfen gadon da aka kwantar da mahaifiyarta, ɗayan yana nuna agogon bango.

"Gudan jini ne ya toshe mata hanya a ƙwaƙwalwa," in ji shi. "Akwai allurar da ke narkar da shi, amma tana da ƙa'ida. In abin bai wuce awa huɗu da faruwa ba, za ta taimaka. In ya wuce, allurar da kanta tana iya fasa jijiya, mu rasa ta gaba ɗaya. Ƙarfe nawa Mama ta faɗi?"

Auta, tela ce mai shago a bakin titi, mace mai baki, wadda ko mai gidan haya ba ya son haɗuwa da ita da safe. Amma yau bakin ya mutu. Zare ta koma gida ɗaukowa wajen sha biyu saura, ta tarar da Inna a ƙasa tsakanin gado da ƙofa, baki ya karkace, hannun dama kamar tsumma.

"Da na fita ƙarfe tara lafiyarta ƙalau," ta ce.

"Kin gan ta da idonki?"

"Na gaishe ta daga bakin ƙofa, ta amsa."

"Baiwar Allah, kin gan ta?"

"Na ce maka ta amsa!"

Likita ya dubi agogo. Sha biyu da rabi. Ya ce idan har ƙarfe tara tana tsaye da ƙafarta, to suna da nan da ƙarfe ɗaya. Amma shi ba zai tsira wa tsohuwa allurar nan a kan amsar da aka ji ta bayan ƙofa ba. Hankalin Mama yana jikinta, in ji shi, ga idonta nan yana bin mutane, ga ta tana ta magana. A tambaye ta kawai.

To, a nan ake yin ta. Inna tana magana, ƙwarai kuwa, tun a mota take yi ba ta tsaya ba. Sai dai harshen garin da ta shekara sittin tana ciniki da faɗa da shi ya fice mata fit, ko kalma ɗaya ba ta rage ba. Abin da ya rage shi ne yarensu na ƙuruciya, na wani ƙauye da ya watse tun kafin a haifi Auta. Mutum na ƙarshe a dangi da Inna take hira da shi da yaren, wata gwaggonta ce, yau shekara bakwai da rasuwarta. Nas ta gwada harsuna uku, mai shara ya gwada nasa, Inna ta bi su da kallo ɗaya bayan ɗaya kamar masu tallan abin da ba ta saye.

Ita kuwa Auta ba ta jin yaren. Ba ta taɓa son ji ba. Tana aji biyu yara suka ji uwarta tana yi a bakin makaranta, suka shekara suna bin ta suna kwaikwayo da kukan zabi. Tun daga ranar, da Inna ta fara sai ta tashi ta bar ɗakin.

Mutum ɗaya ya rage a duniya da zai iya fahimtar tsohuwar nan, kuma Auta ta san ko wace ce. Lambarta tana cikin wayarta, an ajiye ta da sunan "Kar A Ɗauka".

Malama ce daga jami'a. Shekara biyu ta yi tana zuwa gidansu duk Talata da Asabar da 'yar rikodarta da littattafanta, tana zama a kan tabarma, tana ƙoƙarin yi wa yaren haruffan boko don a iya rubuta shi. Maƙwabta suka fara tsegumi, wai an mai da uwar tela abin kallo. Rannan Auta ta dawo a gajiye, ta tarar da su suna ta dariya da yaren da ita ba ta ji, ta ɗauki jakar Malama ta wurga waje, ta yi mata tatas a gaban jama'a. Shekara uku ke nan.

Ta danna kiran. Bugu biyu aka ɗauka.

"Malama, ni ce. Auta. Inna ce ba lafiya."

Malama ko "ai na ce" ba ta ce ba. Ta saurara, ta fahimta, ta ce tana can wani gari, ko jirgi ta hau ba za ta iso ba. Auta ta buɗe muryar wayar ta kanga a kunnen Inna. Malama ta yi gaisuwa da yaren, doguwa. Inna ta yamutsa ɓarin fuskar da ke motsi, ta ture wayar da hannun hagu.

"Na san za a yi haka," in ji Malama. "Ko da lafiyarta ba ta amsa waya da yaren. Cewa take ba ta magana da wanda ba ta ga bakinsa ba. Ke za ki yi."

"Ni? Ni da ko ruwa ban san sunansa ba?"

"Kin iya karanta boko ai. Zan turo miki a rubuce. Haruffan da kika sani ne, don irin haka muka zaɓe su. Guda uku ne kawai baƙi. Mai ɗigo a ƙasa, daga maƙogwaro za ki jawo shi. Mai ɗan layi a sama, ɗaga murya. Mai wutsiya, ta hanci. Kunnenki ya san su tun kina goye."

"To turo min: ƙarfe nawa kika faɗi."

"Tsaya, Auta, ba haka ake..."

"Malama, don girman Allah! Minti ashirin ya rage, ba karatu na zo ɗauka ba. Turo!"

Saƙon ya shigo. Kalma huɗu. Auta ta sunkuya, ta karanta da ƙyar tana tuntuɓe. Abin mamaki, sautin ya fito, har da na maƙogwaron, kamar dama yana nan ajiye. Idon Inna ya buɗe sosai. Ta ji. Wallahi ta ji, don har leɓenta ya motsa. Sai kawai ta tsuke baki, ta juyar da kai bango. Tsohuwar da tun ɗazu ba ta yi shiru ba, ta yi gum.

"Inna! Inna, ki dube ni!" Auta ta maimaita kalmomin, ta sake, ta ɗaga murya. Ina! Ko gezau.

Nas ta shigo da ɗan faranti na ƙarfe, allura a kai da kwalba. Ɗaya saura kwata.

"Yanzu za ki saurare ni?" Muryar Malama ta canza. "A yarensu ba a tambayar babba. Rashin kunya ne, kamar ki sa shi a gaba kina tuhuma. Da harshen gari tana amsa miki, don ba nasu ba ne. Da nasu kuwa, wata uku na yi ina tambaya tana kallon ƙasa, har na kusa haƙura."

"To ya ake yi?"

"Faɗa za ki yi, kamar kin sani. In daidai ne, sai ta yi shiru. In kuskure ne, dole ta gyara miki, don babba ba ya barin yaro da kuskure a baki. Duk littafin nan da kika wurgar, haka na haɗa shi. In nuna akuya in ce kaza ce, ta yi tsaki ta gyara."

Kai, sai yanzu Auta ta gane. Ashe dariyar da ta tarar suna yi ke nan.

Saƙo na biyu ya shigo. Malama ta ce ma'anarsa: kin faɗi rana tana tsakiyar kai. Ba su da ƙarfe kaza a yaren, da rana suke auna komai. Auta ta ja kujera ta zauna, ta karanta a hankali, murya ƙasa, kamar mai ba da labari.

Shiru. Sai ga tsaki, irin na Inna, wanda Auta za ta gane ko a cikin kasuwa. Tsohuwa ta juyo, ta furzo 'yan kalmomi.

"Me ta ce?" Likita ne ya tambaya, ya matso.

"Ta ce a'a, rana ba ta kai can ba," in ji Malama ta waya. "Ta ƙara da cewa yarinyar nan ba ta da lissafi."

Nas ta ƙunshe dariya. Auta kuwa gumi ne yake bin bayanta. Ɗaya saura minti tara.

"Ba mu da lokacin bin rana taki-taki," ta ce. "Turo min: kin faɗi bayan na fita."

Aka turo. Ta karanta. Ta riƙe numfashi.

Inna ba ta ce komai ba. Idonta yana kan silin.

Ɗaya, biyu, uku, Auta tana ƙirgawa a zuci, farin ciki yana taso mata. "Ka gani! Ta yi shiru! Daidai ne ke nan, Malama ta faɗa. Likita, yi mata, don Allah yi mata!"

Likita ya miƙa hannu ga farantin. Nas ta kama hannun Inna tana neman jijiya.

"Ku dakata," in ji Malama. "Auta, dubi ƙirjinta. In tana tara numfashi, magana ce mai tsawo ke zuwa."

Ƙirjin yana ɗagawa. Auta ta gani, ta so a ce ba ta gani ba. Ita kanta ba ta san dalili ba, ta kashe muryar wayar, ta kai ta kusa da bakin uwarta. Inna ta fara. Ba tsaki wannan karon, ba faɗa. A hankali ta yi ta, tana hutawa, idonta cikin na 'yarta. Da ta gama, Auta ta manna wayar a kunnenta. Ita kaɗai za ta ji.

Ta ɗan ja gefe da wayar.

"Faɗa min."

"Ta ce gari bai waye ba. Ta tashi za ta sha ruwa, ƙafar ta ƙi." Malama ta ci gaba. "Ta ce da kika zo bakin ƙofa tana ƙasa. Ta ce miki ki shigo ki ɗaga ta."

Auta ba ta buƙaci sauran ba, ta tuna da kanta. Ta ƙwanƙwasa, ta ce ina kwana, ta ji muryar Inna da yaren nan. Ranta ya ɓaci tun da safe, ta ce, "Inna, ni sauri nake, in za ki yi magana ki yi wadda ake ji." Ta ja takalminta ta fita. Ta je shago ta yanka riguna uku, har da waƙa.

"Minti huɗu," in ji likita, allura a hannunsa. "Me Mama ta ce?"

Babu wanda ya ji sai ita. Kalma ɗaya za ta faɗa a yi allurar, wataƙila hannun ya dawo, wataƙila bakin ya miƙe, kuma har abada ba wanda zai san ta tsallake uwarta a ƙasa ta tafi ɗinki. Wataƙila kuma kafin la'asar a rufe wa Inna fuska. Ta ɗago ta dubi likita.

"Tun asuba ne," ta ce. "Da na gaishe ta tana ƙasa. Ban shiga ba."

Likita ya dube ta, ya dubi allurar, ya mayar da ita kan faranti a hankali. Bai yi mata faɗa ba, da ma ya yi. Ya ce da sun yi, da ƙyar Mama ta kai yamma. Za su kwantar da ita su ba ta wasu magunguna. Rai dai, da yardar Allah, yana nan. Hannun da ƙafar kuwa kada ta sa rai da yawa. Harshen garin ma yana iya dawowa, yana iya ƙin dawowa.

Suka fita, shi da nas. Auta ta zauna da waya a kunne, hawaye yana zuba ba ta share ba.

"Malama, kina nan?"

"Ina nan."

"Turo min wannan da yaren, in faɗa mata: Ni ba 'yarki ba ce."

"Haba, Auta."

"Ba zan iya tambayarta ko ta yafe min ba, ke kika ce ba a tambaya. Turo."

Saƙon ya shigo, kalma uku. Ta buɗe muryar wayar ta ajiye a kan filo. Ta karanta, muryarta tana karyewa a kan harafin mai ɗigo. Sannan ta sunkuyar da kai tana jira, don ta san abin da shiru yake nufi.

Fanka tana juyawa. Wani yana tura keken marasa lafiya a baranda. Inna ba ta motsa ba, Auta kuma ta kasa ɗaga ido ta dubi ƙirjinta.

Sai ta ji an cafke mata kunne. Hannun hagu ne, mai lafiyar, kuma da ƙarfinsa. Inna ta jawo kan 'yarta har kan ƙirjinta, ta yi tsaki mai tsawo, ta faɗi abin da za ta faɗa.

Daga kan filo Malama ta yi wani sauti, tsakanin dariya da kuka.

"Ta ce ƙarya kike. Ta ce kwana biyu ta yi tana naƙudarki, babu inda za ki."