Sunan da Ya Kuɓuce a High Point Road

Laouali yana ɗaga jakar wata tsohuwa zai saka a but ɗin tasi, sai zik ya buɗe, takardu suka zubo kan jiƙaƙƙiyar kwaltar filin jirgi. Ya durƙusa yana tsincewa. Ta saman taswira ce da ya sani kamar yunwar cikinsa: Bahar Rum, Italiya a miƙe cikin ruwa, tsohon birnin Kartaj a ƙasanta.

"Yi haƙuri," in ji tsohuwar da Turanci. "Kwanan nan komai kuɓuce mini yake yi."

Farfesa Lucia Harrison ce, ta zo gabatar da lacca a jami'a da ƙarfe uku. Suka kama hanya cikin yayyafin Oktoba, ganyaye ja da rawaya suna mannewa a gilashi.

Kafin ya zo Greensboro shekara goma sha ɗaya da suka wuce, Laouali malamin tarihi ne a Damagaram. Mushe Laouali ake ce masa, yadda ake kiran malamin boko a can da Faransanci. Kundin da ya rubuta a jami'ar Yamai a kan wani Bagirke ne da Romawa suka kwashe cikin mutum dubu suka tsare a ƙasarsu shekara goma sha bakwai, ya zauna ya rubuta yadda birni guda ya haɗiye duniya cikin shekara hamsin da uku. A nan babu wanda ya san haka. Direba ne kawai, mai yawan shiru.

Goge-gilashi yana kaiwa yana komowa. Laouali ya ga fitilun motocin High Point Road sun narke sun zama jiragen ruwa masu jeren matuƙa, rumfunan masu sayar da mota sun zama tantunan soja. Can bayan shagon kayan miya, giwaye suna hawa dutse cikin ƙanƙara.

"Shekara arba'in ina karatunsa," in ji tsohuwar daga baya, kamar da kanta take magana. "Littafi arba'in ya rubuta, biyar kaɗai suka iso mana cikakku. Sauran guntu-guntu ne, mu muke ɗinkewa. Shi wannan... wannan..."

Ta madubi ya ga leɓenta yana motsi, hannunta ya damƙe bakin ƙaramar jakarta. Danja ta tsayar da su, ta sake su, ba ta samo kalmar ba.

Laouali ya faɗi sunan Bagirken nan na kundinsa a hankali, da lafazin Faransanci, kamar yadda yake faɗa wa ɗalibansa.

Ta ɗago. "Kai wane ne?"

Ya ba ta labari a taƙaice. Ta yi dariya, idonta ya kawo ruwa. Ta ce likita ya gaya mata tun bazara cewa ciwon mantuwa ya kama ta, 'yarta kaɗai ta sani. Wannan ce laccarta ta ƙarshe, kuma tsoro take ji kada ta tsaya gaban mutane baki buɗe.

"Ka shigo ka zauna a gaba. In na ɓata, in dube ka."

Rediyon tasi ya yi ƙara. Bernard ne, mutumin Jos mai raba musu aiki daga ofis.

"Malam Laouali, in ka sauke, akwai kwastoma a McLeansville ƙarfe uku da rabi."

"Bernard, don Allah ba wani. Ina da uzuri."

"Wane irin uzuri kuma? Ka san oga ya ce duk wanda ya sake ƙin kira ya ajiye makulli."

"Lacca zan je."

"Lacca? Ta masallaci?"

"Ta Romawa."

"Oh ni Bernard! To, ni ban ji ba. Zan gwada Nouhou, in bai ɗauka ba kai ka sani."

Ɗakin laccar ƙarami ne, mutanen ba su kai talatin ba. Laouali ya zauna a layin gaba da jiƙaƙƙiyar jaket ɗinsa, yana jin ƙamshin alli da tsohon katako. Farfesa ta fara da muryar da ba ta yi kama da ta cikin mota ba. Ta kai su majalisar dattawan Rum, ta haura da su duwatsun da Bagirken ya taka da ƙafarsa don ya tabbatar da hanyar da sojojin Kartaj suka bi da giwayensu zuwa Italiya. Laouali ya lumshe ido. Ya ga ajinsa na Damagaram, yara sittin, fanka tana juyawa ba ta kawo iska, shi yana zana teku a allo wa waɗanda ba su taɓa ganin teku ba.

Sau biyu ta tsaya. Na farko shekarar da aka ƙone Kartaj ce ta ɓace mata. Ta dube shi, ya motsa leɓe, ta ɗauka ta wuce. Na biyu ba ta ma dube shi ba, ta kurɓi ruwa ta samo abinta.

Aka yi tafi. Mai gabatarwa ya ce ko akwai tambaya. Ɗalibai suka sunkuyar da kai. Laouali ya ji hannunsa ya tashi sama kafin ya yi shawara da shi. Akwai abin da ya daɗe yana ci masa rai a bayan sitiyari: mutumin da aka sake shi ya koma gida, me ya sa ya sake bin waɗanda suka tsare shi har ya tsaya yana kallo suna ƙone birnin wasu? Son su ya yi, ko kuwa gidan ne ya daina zama gida?

Farfesa ta nuna shi, tana murmushi irin na ladabi.

"Malam na gaba. Gafarta mini, mun taɓa haɗuwa ne?"

Laouali ya dube ta. Babu wasa a fuskarta.

"A'a, Madam," ya ce. Ya miƙe tsaye, ya gyara jaket, ya yi tambayarsa.