Rasiɗin Bayan Kujera

Idi direban motar kaya ƙirar kanta ne, yana dakon masara daga Sabuwa zuwa Kankara. Wata Laraba birki ya tsinke masa a Sheme, motar ta ƙwace ta buge Rifkatu, wata dattijuwa mai sayar da dafaffiyar gyaɗa a bakin titi. Ƙafarta ta karye wuri biyu.

Kotu ta ce kamfanin inshorar motar ya biya ta diyya. Sai kamfanin ya ɗaukaka ƙara, wai inshorar ta ƙare kwana uku kafin haɗarin, don haka ba ruwansu.

Idi ya san ba haka ba ne, domin da hannunsa ya sabunta ta. Amma rasiɗin sabuntawar yana cikin motar, maigidansa kuma ya riga ya sayar da ita. Sati biyu yana cigiya tasha-tasha, har ya same ta a Faskari hannun wani mai dakon itace. Rasiɗin na nan cikin ledar da Idi ya cusa a bayan kujera.

Ya kai wa Rifkatu har gidan ɗiyarta a Ruwan Godiya, duk da tun ranar haɗarin bai iya haɗa ido da ita ba.

"Inna, ga wannan ki ba lauyanki," ya ce. "Ki yafe mini."

"Ai tun ina asibiti na yafe maka, ɗana. Zauna a kawo maka fura."

Bayan wata biyar kotu ta kori ƙarar kamfanin, aka biya Rifkatu haƙƙinta.